Dumaye mai gora bakwai: ku duba mani tsarin bautar nan kafin in ci gaba da rubutu

Safiya_Mabera: Assalamu alaikum marubuta. Littafin da nake kai labari ne na ƙirƙirarriyar duniya, ƙasar Tarmasa. Mutanenta manoman gero ne a bakin hamada, saƙon wani annabi bai iso musu ba. Abin bautarsu wata ce da suke kira Dumaye, wai tana zaune can bayan gabas da gora bakwai rataye a rufin ɗakinta, kowane gora da irin ruwan da ke cikinsa. Masu yi mata hidima mata ne, babbarsu ita ce Uwar Gora. A tsarin da na yi, ranar 1 ga wata na bakwai ake yanka baƙin sa a gindin dutse, a kwana ana kiɗa, washegari ruwa ya sauko. Babin ya fito lami, ba gishiri. Waɗanda suka san noma da sha'anin damina, don Allah ku nuna mani inda ya yi rauni.

Abu_Gwadabawa: Wa alaikumus salam Malama Safiya. Fara da ranar bikin. In watan sama mutanenki suke bi, shekararsu tana gaza ta rana da kwana 11. Bayan shekara 16 bikin ya ja baya da kusan wata shida, za a yanka sa ana rawar ɗari cikin hazo. Duk al'ummar da ke rayuwa da damina ɗaya tilas ta sami lissafin da ba ya yawo. Shi ya sa manoman nan ke bin taurari: 28 ne, kowane kwana 13, ɗaya ya ɗauki 14, shekara ta cika 365. Ba sai kin kwashi taurarinmu su Zira'a da Nasara da Ɗarfa kin kai Tarmasa ba, amma ki ba su abin kallo a sama. Kaza da 'ya'yanta, alal misali, tana ɓacewa daga sararin yamma wajen farkon Mayu, ta yi kamar kwana 40 ba a ganinta, sannan ta ɓullo gabas da asuba cikin Yuni. Wannan ɓoyuwar ta faɗo daidai lokacin da kowa ke zaman jiran ruwa. In kika ƙirƙiri tauraruwa mai irin wannan hali, kin sami kwanakin ƙauracewa da ranar buɗe baki kyauta.

Baba_Kware: Ɗiyata, zancen "washegari ruwa shi sauko" shi yak kashe miki babin. Manomi ba jinkirin ruwan hwarko ka ba shi tsoro ba, ruwan hwarko da babu na biyu bayanshi shi ka hana mai kwana. Ruwa na iya sauka cikin Mayu mai ƙarhi, kowa shi ɗauki sungumi, gero shi tsiro cikin kwana ukku ko huɗu, sannan sama ta yi tsit sati biyu ko ukku. Ƙasarmu jigawa ta, ba ta riƙon laima, rana ko ta wuce digiri 40. Tsiron shi ƙone, ko iska ta taso da rairai ta bizne shi. Iri ya tahi. Wanda yay yi bizne tun kahin ruwa shi ma yana cikin wanga hatsari, don in yayyahi anka yi, iri na kumbura shi ruɓe bai hito ba. To in Dumaye na da gora bakwai, goran hwarko shi zan na yaudara.

Safiya_Mabera: Baba, Allah ya ƙara girma. Ke nan aikin Uwar Gora ba kiran ruwa ba ne kaɗai, har da faɗa wa mutane wanne ne ruwan shuka?

Baba_Kware: Nan ƙarhinta yake. Ita ka cewa a shibka ko a dakata. Kuma da abin aunawa: bayan ruwa ya ɗauke a tona ƙasa da hannu, in laima ta kai tsawon tahin hannu ko ta wuce, ruwan shibka na. In ɗan yatsa guda tak kai ta tarar da busassa, a bar iri cikin ruhewa.

Hauwa'u_Arkilla: Bari in gwada raba gorunan bisa yadda damina ke tafiya. Na farko mai kashe ƙura, shi ne mayaudarin da Baba ya faɗa. Na biyu na shuka. Na uku na noman firi, lokacin da ciyawa ke tseren tsawo da gero, in ya yi yawa a jere ba a samun rana ta busar da ciyawar da aka nome sai ta sake kamawa. Na huɗu malka, ta Agusta, kwana da kwanaki sama a rufe, katangun ƙasa suna zubewa, zazzaɓi ya cika gari. Na biyar na cikon ƙwaya bayan gero ya fidda kai, shi ne in ya gaza ake samun zangarniya doguwa ba nauyi. Na shida na sallama, wanda dawa da maiwa da wake ke jira ƙarshen Satumba, amma mai geron da ya riga ya yanke ya shanya ba ya son ganinsa. Kin ga a gora ɗaya ma maƙwabta biyu suna roƙon abu biyu masu karo da juna. Na bakwai kuwa ki bar shi a rufe, kowa na tsoron ranar da za a buɗe shi.

ɗan_Illela: Na bakwai ambaliya ke nan 😅

Hauwa'u_Arkilla: Ko ƙanƙara. Kar marubuciya ta faɗa da wuri.

Malam_Bello_Minanata: Ina da magana kafin a yi nisa. Ruwan sama yana cikin abubuwan da aka tsananta a kansu. A hadisin Zaidu ɗan Khalid al-Juhani da ke cikin Bukhari da Muslim, bayan an yi ruwa da dare a Hudaibiyya, Manzon Allah (SAW) ya sanar da sahabbai cewa wanda ya ce an yi mana ruwa da falalar Allah da rahamarsa ya yi imani da Allah, wanda kuma ya jingina ruwan ga tauraro kaza ya kafirce masa. Ba da labarin mutanen da ke bautar wani abu ba sabon abu ba ne, Alƙur'ani ya ambaci Lata da Uzza da Manata, ya ambaci Wadda da Suwa'a na mutanen Annabi Nuhu. Abin lura shi ne bakin wa maganar ke fita. Mutanen Tarmasa su ce Dumaye ta buɗe gora, wannan imaninsu ne. Amma muryar mai ba da labari kada ta tabbatar. Sannan abu biyu: kar a rubuta cikakkiyar waƙar kiranta mai daɗin amshi wadda yara za su haddace su riƙa rerawa in hadari ya haɗu, kuma kar a ɗauki siffar sallar roƙon ruwa, wato fita fili da tsofaffin tufafi, raka'a biyu, huɗuba, juya mayafi, a lulluɓa wa abin tsafi.

Kabiru_Fantasiya: Allah gafarta Malam, na yarda da batun waƙa da na sallah. Amma a irin wannan adabi mai karatu ya san duniyar ba tamu ba ce. In marubuciya ta ɗaure kanta cewa Dumaye ƙarya ce tsagwaronta tun shafin farko, tsoro ya fita daga littafin. Akwai hanya ta tsakiya: ta kasance halitta ce, irin aljana, tana nan da gaske, tana da ɗan abin da take iyawa, amma tana karɓar yabon abin da ba ita ke yi ba. Sai rikicin ya zama wa zai gano haka, kuma me zai same shi.

Malam_Bello_Minanata: Wannan ya fi sauƙi, in dai ƙarshen littafin bai bar ta da mulkin girgije ba. Duk da haka ta kai wa malamin da ta amince da shi ya karanta kafin ta fitar.

Abu_Gwadabawa: Abin da Kabiru ya ce yana da madafa a kimiyyance. Matan gora za su iya zama masana yanayi da ke ɓoye iliminsu. Ga abin da za su riƙa dubawa. Iska: duk rani daga arewa maso gabas take busowa, busasshiya, in ta juya ta fara zuwa daga kudu maso yamma da daddare, danshi ya iso. Gishiri: a ajiye ɓarin kantu a ƙoƙo cikin ɗaki mai duhu. Cikin hunturu danshin iska a nan yana sauka ƙasa da kashi 20 cikin 100, gishirin kamar dutse, amma damina na matsowa zai fara jiƙa yana nashewa. Randa: da rani ruwanta sanyi ƙarara saboda jikinta na tsattsafowa iska na busarwa, in iska ta cika da danshi sanyin ya ragu. Ga shamuwa da ke dawowa ta yi sheƙa a itatuwan cikin gari. Uwar Gora ba za ta sa ranar yanka ba sai alamu uku ko huɗu sun haɗu. Talaka ya ga an yi yanka ruwa ya zo cikin mako, bai ga ƙoƙon gishirin ba.

Wani abu kuma, ki gyara inda hadari ke fitowa in kin sa shi yamma. Danshi daga kudu maso yamma yake zuwa, amma hadarin kansa daga gabas yake tasowa ya nufi yamma, da guguwar ƙura a gabansa, yawanci da la'asar ko cikin dare. Zamanta a bayan gabas ya yi daidai.

Safiya_Mabera: Ƙoƙon gishirin nan ya shiga littafi. Zan sa shi a ɗakin da ba mai shiga sai Uwar Gora da magajiyarta.

Ardo_Junaidu: Baƙin sa fa? A ƙarshen rani shanu sun rame, ƙashin haƙarƙari a waje, kuma yawancin garke ba ya kusa, yana fadama ko ya yi kudu neman ciyawa, sai ruwa ya zauna yake dawowa. Sannan in shanun Tarmasa irin namu ne, bokolo fari ne ko toka-toka, rahaji ja ne. Baƙi ƙirin marar tabo ba kullum ake haifarsa ba. Ke nan sai an keɓe shi tun yana maraƙi, a ɗaure shi gidan tsafi shekara uku ko huɗu ana ba shi harawa da dusa da kanwa, kuma a riƙa kiwon biyu ko uku a jere don na baɗi da na baɗin baɗaɗa. Wa ke kawo harawar? In ya mutu cikin bazara saura sati biyu biki fa? Ni da za ki ji shawarata, yankan kowace shekara ya zama baƙin bunsuru, sa sai shekarar da ruwa ya ƙi. In aka ga an fito da shi, kowa ya san abin ya ɓaci.

Nasiru_Alƙalawa: Ta fuskar tarihi, ki guji ɗaukar sunayen iskokin bori ki saka kai tsaye, su Inna, Doguwa, Sarkin Rafi. Ba ƙirƙira ba ne, akwai masu hulɗa da su har yau, kuma littafin zai tashi daga ƙagaggen labari ya koma wani abu dabam. Abin da za ki ɗauka shi ne yadda mulki ke tafiya. A Gobir, Inna sarauta ce ta mace daga gidan sarauta, galibi 'yar'uwar Sarki, ita ce shugabar 'yan bori, tana da fada da mutanenta. Alƙalawa, babban birnin Gobir, ta faɗi a 1808, amma alamar ikon ba ta ɓace nan take ba: malfar da aka san Inna da ita, Nana Asma'u ta ɗora wa jajoji, shugabannin 'Yan Taru, wato ƙungiyoyin mata masu neman ilimi, ta juya ma'anarta zuwa ta karantarwa. To ki tambayi kanki, Uwar Gora 'yar gidan sarki ce ko daga talakawa ake ɗauko ta? In ƙanwar sarki ce, ranar da ruwa ya ƙi gidan gaba ɗaya ke cikin tuhuma. In baƙuwa ce, sarki yana da wanda zai miƙa wa jama'a.

Abubuwan da za ki iya juyawa su zama naki: tsohon zancen cewa bakan gizo yana shanye ruwa, shi ya sa ake ce masa masharuwa, da gatarin aradu, duwatsun nan masu santsi da ake tsinta a gona a ce tsawa ta jefo su, alhali kayan aikin mutanen da ne.

Hauwa'u_Arkilla: Ga gawo ma. Duk itatuwa na yin ganye da damina, shi kuwa lokacin yake kaɗe nasa, ya tsaya tsirara har kaka, ya yi kore shar cikin rani. Mutanen Tarmasa ba za su rasa labari a kansa ba: ko mijin Dumaye ne da suka ɓata, ko wanda ya rantse ba zai sha ruwanta ba. Kuma gero ya fi kyau a ƙarƙashinsa, tunda ba ya yi masa inuwa da damina, ga ganyen da ya zubar da kashin dabbobin da suka sha inuwarsa da rani. Sai a hana sare shi, a ce mai saran gawo shi ke kore ruwa. Haramcin da ke da amfani a ɓoye ya fi daɗewa.

Lawali_Lissafi: Ba wanda ya taɓo cikin matan nan. Me suke ci? Mu ɗauka gari mai gandu 200, kowane gandu na samun dami 60 a shekara mai kyau. Kar ki sa ɗaya cikin goma, mai karatu zai ga zakka ce kika kwafa. Sa ɗaya cikin 30, dami biyu ke nan kowane gandu, jimla 400. Ɗauri ya bambanta, amma a ce dami na ba da tiya biyar in an sussuke, tiya 2,000. Babban mutum na cin wajen tiya 80 a shekara. Mata goma sun ci 800, saura 1,200. Tiya biyu na shuka hekta guda ta gero, ke nan ragowar za ta sake shuka hekta 600. Kin ga gidan Dumaye rumbun iri ne na gari. Wanda ya yi gaggawa ya bi goran farko ya yi asara, gobe zai zo ya durƙusa a ba shi iri, a kuma tuna masa an ce ya dakata.

A ajiye shi da zangarniya, kar a sussuke, ya fi jure ƙwari. Rumbu a kan duwatsu saboda gara da laima. Kuma a riƙa juya shi, sabo ya shiga tsoho ya fita, don irin da ya wuce shekara biyu zuwa uku tsirarsa na raguwa. Uwar Gora mai haɗama da ta sayar da sabon ta bar tsohon, asirinta zai tonu ne ranar da aka shuka bai fito ba.

ɗan_Illela: Wannan ai ya isa babi guda shi kaɗai.

Sarkin_Komi_Wurno: Duk maganar mutanen tudu kuke. Mutanen fadama fa? Ruwan gulbi ba daga saman kanka yake zuwa ba. Gulbin Sakkwato daga wajen Funtuwa ya taso, Rima kuma tana tattaro ruwan Bunsuru da Gagare da Gulbin Maraɗi. Ana iya yin kwana goma ba ɗigo a garinku, gero na murɗewa a tudu, ku wayi gari gulbi ya cika ya shanye shinkafa saboda ruwan da aka yi can sama kwanakin baya. Wanda ya ga 2010, da ruwa ya mamaye garuruwan Goronyo da Wurno da Kware, ya san gulbi ba ya shawara da hadarin gari. Masunta da masu shinkafa a Tarmasa ba za su gamsu da Dumaye ita kaɗai ba. Za su ce akwai wani a cikin ruwa, da nasa sarkin ruwa da tasa ranar buɗe kamun kifi, kamar yadda ake da Sarkin Ruwa a Argungu. Sai matan gora su ce ai bawanta ne, su kuma su ce ai shi ya girme ta.

Safiya_Mabera: Ban sa gulbi a taswirar ba sam. Amma in na sa, labarin ba zai rabu biyu ba?

Kabiru_Fantasiya: Ba dole ba. Ki bar su a gefe, su ne masu yi wa bikin dariya a kasuwa, kuma su ne ke da hatsi shekarar fari.

Baba_Kware: Ku komo ga tsarinta na hwarko, na yanka da saukar ruwa washegari. An yi yanka, ruwa bai zo ba, mi a ka yi? Wanga shi na littahin. Ba a zabura a kashe mutum ran nan, sai an bi matakala. Sati na hwarko a ce wani yak karya doka, a bi gida gida, wa yas sari gawo, wa yad daka hatsi da dare. Sati na biyu a sake yanka, a hito da sa. Na ukku a hwara kallon Uwar Gora, ta tsuhwa, ko hannunta ya ƙazanta. Sarki sai daga ƙarshe. Kuma ki nuna yunwa yadda take. Ana hwara sai da awaki, sannan tumaki, sannan kayan ɗakin mata. Samari su tahi cin rani ba lokacinshi ba. A koma ga tahwasa da yaɗiya, a kakkaɓe ƙarangiya a ci ƙwayarta, a tone gidan tururuwa don hatsin da sunka tara. Anza ba a cinta haka nan, sai an jiƙa ta kwanaki ana zubar da ruwan ana sakewa, in anka gajarta tana illa. Tsohhinmu sun ba da labarin yunwar Kakalaba ta 1913 zuwa 1914, ga hwarin 1973 da na 1984 da mutane da yawa ka tunawa. Ki zauna da wanda yag gani, shi gaya miki abin da anka hwara sai da wa da abin da anka riƙe har ƙarshe.

Malam_Bello_Minanata: Kan batun kashe mutum, masu tarihi sun kawo cewa mutanen Masar sun gaya wa Amru ɗan Asi al'adarsu ta jefa budurwa a kogin Nilu don ya cika, ya hana, Sayyidina Umar ya aiko da takarda aka jefa a madadinta. Malamai sun yi magana kan isnadin ruwayar, amma kusan duk ɗalibi ya san ta. In kika sa budurwa a bakin dutse, mai karatu zai hango ƙarshen tun daga nesa.

Nasiru_Alƙalawa: Hukuncin da ya fi dacewa da tsarinta shi ne a fasa goran Uwar Gora a bainar jama'a, a fitar da ita ta ƙofar yamma ba guzurin ruwa. Ba wanda ya zubar da jini, kowa kuma ya san abin da aka yi. Matsalar ita ce in ta tafi da sirrin gishirin ba ta koya wa magajiya ba.

Safiya_Mabera: To ga inda na tsaya: bikin zai bi tauraruwa, bunsuru kowace shekara, sa sai an shiga uku, rumbun iri a bayan ɗakin tsafi. Abin da ban yanke ba shi ne ko Uwar Gora ita kanta ta yarda da Dumaye, ko ta san gishiri da iska take karantawa.

Hauwa'u_Arkilla: Tana iya yarda da duka biyun. A wurinta jiƙewar gishirin ita ce amsar Dumaye.

Kabiru_Fantasiya: Ni na fi son tsohuwar ta sani, magajiyar ce mai imani. Ranar da za a miƙa mata ƙoƙon za a yi ta.

Abu_Gwadabawa: Ko wanne kika zaɓa, ki tuna alamun nan suna nuna danshi ya iso ne kawai, ba sa faɗin ranar da ruwa zai sauka ko gonar da zai sauka. Hadari ɗaya na iya jiƙa Dange ya tsallake Shuni. Kuma akwai shekarar da iska za ta juya, gishiri ya jiƙa, shamuwa ta zo, sannan iskar arewa ta sake turo danshin kudu har sati uku. Ki yanke tun yanzu gari nawa ke ƙarƙashin Uwar Gora guda, don in sun kai goma, kowace shekara akwai garin da zai ce an cuce shi. Ardo, bunsurun ma baƙi ƙirin ake nema ko ja zai yi? Awakin nan namu ai jajaye ne.

Ardo_Junaidu: Baƙar akuya ba ta wuyar samu kamar baƙin sa, ana haifarta cikin jajayen. Wata biyar ne cikin akuya, bunsuru ɗan shekara guda ya isa yanka. A dai keɓe shi tun kaka, kar a bari sai bazara a shiga kasuwa nema, dillalai za su gane.